Goge sebin a gem don a faro daga tushe: me ke tafiya, me ke saura, wa ke asara?

Mutumin da ya shafe wata da watanni yana gina ƙungiya a gem ɗin ƙwallon ƙafa na PES, ko ya kusa ƙure gem ɗin GTA San Andreas, me zai sa rana ɗaya ya shiga ya goge komai da hannunsa ya koma matakin farko? Gardama ce da ba ta ƙarewa a gidajen gem na Samaru da Sabon Gari da Tudun Wada, har da ɗakunan ɗalibai a Kongo, duk a Zariya. Wasu su ce wauta ce tsagwaronta, wasu su ce ai daɗin gem ɗin ke nan. Iyaye kuwa, idan suka ga yaro ya ƙi cin tuwo don ƙaninsa ya goge masa wani abu a waya, sai su ce to mene ne a ciki, ba wasa ba ne?

Abin da ke hana gardamar mutuwa shi ne abubuwa daban-daban ake tarawa a kira su da suna ɗaya. Wanda ya goge nasa sebin a gem ɗin da ba ya buƙatar intanet, da wanda ya watsar da asusun da ya zuba wa kuɗi, da wanda ya goge na wani a na'urar haya, ba aiki ɗaya suka yi ba, ba kuma asara ɗaya suka jawo ba.

Mene ne sebin, a ina yake zaune?

Sebin wani ɗan ƙaramin fayil ne da gem ke rubutawa don ya tuna inda ka tsaya: matakin da ka kai, kuɗin da ka tara a cikin wasan, makamanka, 'yan wasan da ka saya, zaɓin da ka yi a labari. Shi gem ɗin kansa daban, sebin daban. Shi ya sa za ka iya cire gem daga na'ura sebin ya saura, ko ka goge sebin gem ɗin yana nan daram.

A farko ma babu shi. Gem ɗin da ake jefa wa kwabo a shago, da ka mutu shi ke nan, sai ka sake jefa wani. Daga baya aka fito da dabarar lambobin sirri, gem ya ba ka wasu haruffa ka rubuta a takarda, gobe ka shigar ya mayar da kai kusa da inda ka tsaya. A 1987 kamfanin Nintendo ya fitar da The Legend of Zelda a Amurka a kaset mai ɗan ƙaramin batir a ciki, batir ɗin ne ke riƙe da sebin. Ranar da ya mutu, sebin ya bi shi. Da PlayStation ta farko ta fito a Japan a 1994 sai aka koma kati, wanda aka raba shi gida 15 kacal. Katin PlayStation 2, wadda ta fito a 2000, megabait 8 ne. Duk wanda ya yi zamanin PS2 a Zariya ya san darajar wannan kati, akwai masu yawo da shi a aljihun gaba kamar katin shaida.

Yau sebin na iya zama a ɗaya daga wurare uku. Ko dai a cikin na'urarka kaɗai, waya ce ko kwamfuta ko PlayStation. Ko a na'urar tare da kwafi a ma'ajiyar intanet ta kamfani. Ko kuma ba ya hannunka sam, yana can a kwamfutocin kamfanin, kai dai asusu kawai kake da shi da kake shiga, kamar yadda yake a Free Fire da PUBG Mobile da Call of Duty Mobile da eFootball. Duk wata magana kan gogewa, sai an fara sanin wanne ne naka cikin ukun nan.

Me ke sa mutum ya goge da gangan?

Babban dalili, wanda waɗanda ba sa buga gem ke kasa fahimta, shi ne nasara tana kashe daɗin wasa. Ɗauki Master League na tsohon PES, inda kake gina ƙungiyarka kaka bayan kaka. Kana farawa da su Castolo da Minanda da Ivarov a raga, 'yan wasan da kamfanin Konami ya ƙirƙira, marasa gudu, marasa ƙarfin harbi. Kowane canjaras sai ka yi gumi, kowane ɗan wasa da za ka saya sai ka yi lissafi kamar mai cefanen ƙarshen wata. Bayan kaka biyar ko shida ka tara taurarin duniya, kana lallasa kowa da ci biyar ba ko ɗaya. A nan ne wasan ke mutuwa. Abin da mutum ke kewa ba kofi ba ne, wahalar farkon ce, kuma ba hanyar komawa gare ta sai ta sabon farawa.

Akwai wanda kuskuren farko ne ke damunsa. Ya zaɓi jarumin da bai dace da shi ba, ko ya ɓarnatar da kuɗin wasan tun bai gane kan abin ba, yanzu da idonsa ya buɗe yana ganin da zai sake da ya fi haka. Akwai wanda karatu ko aiki ya ɗauke shi wata shida, da ya dawo ya tarar ya manta labarin, ya manta ma wane maɓalli ke yin me, ga shi a tsakiyar mataki mai zafi. Irin wannan komawa farko ta fi masa sauƙi.

Wani lokacin kuma tilas ce. Wasannin Pokémon, tun na farko da ya fito a Japan a 1996, gurbin sebin ɗaya suke bayarwa, in kana son sabuwar tafiya sai tsohuwar ta tafi. Mai katin gida 15 shi ma sai ya sadaukar da wani gem kafin wani ya samu wuri. Sannan ga fayil ɗin da ya lalace, wanda a garinmu sanadinsa sananne ne: a ɗauke wuta daidai lokacin da na'ura ke rubuta sebin. Wannan 'yar alamar da ke juyawa a gefen talabijin tana gargaɗin kada a kashe na'ura, ba don ado aka sa ta ba.

Masu goyon bayan sake farawa suna da hujjar da na fi gamsuwa da ita. Almajiri yana wanke allonsa ya rubuta sabon karatu, rubutun ya tafi amma haddar tana kansa. Haka sebin yake: abin da ka goge lissafi ne, iyawar tana hannunka. Wanda ya sha wahalar aikin jirgin ƙasan nan na San Andreas, wanda ake bin jirgi a kan babur, a zagaye na biyu cikin mintuna zai wuce shi. Sai dai almajiri ba ya wankewa sai ya haddace, kuma allon kansa yake wankewa, ba na ɗan'uwansa ba.

Masu ƙera gem ma sun san da wannan

Ba 'yan wasa ne suka fara wannan tunani su kaɗai ba. Tun 1980 akwai wani gem na kwamfuta mai suna Rogue da aka gina shi a kan cewa mutuwa ɗaya ce, in jaruminka ya mutu ba a dawo da shi, sai dai ka fara da sabo. Har yau akwai jinsin wasanni guda da ke bin wannan tsari. Diablo II na 2000 ya ba da zaɓin haka ga mai so, Minecraft ma yana da shi. Wanda ya fi tsanani shi ne Steel Battalion na kamfanin Capcom, 2002: idan aka ragargaza motar yaƙinka ba ka danna maɓallin tsira a kan lokaci ba, gem ɗin da kansa zai goge sebin ɗinka.

Na 2017 kuwa, NieR: Automata na Yoko Taro, ya mayar da gogewar ta zama kyauta. A ƙarshen ƙarshe wasan yana tambayarka ko za ka sadaukar da sebin ɗinka gaba ɗaya don taimaka wa wani ɗan wasa da ba ka sani ba ya tsallake wurin da kai ma aka taimake ka. In ka amince, a gabanka za a bi komai ɗaya bayan ɗaya ana sharewa. Mutane da yawa sun amince, kuma dalilin da ya sa abin ke taɓa zuciya shi ne kowa ya san awannin da ke cikin fayil ɗin nan na gaske ne.

Wasu kamfanonin kuma tsaka-tsaki suka nema. Chrono Trigger na 1995 ne ya yaɗa tsarin da ake kira New Game+, inda labari ke komawa farko amma ka tafi da ƙarfinka da kayanka. Call of Duty 4 na 2007 ya kawo tsarin da in ka kai ƙololuwar matsayi za ka iya ajiye shi ka koma ƙasa, a ba ka lambar girma da kowa zai gani. Wato kafin ka kai hannu ga gogewa, duba ko gem ɗin ya riga ya tanadar maka ƙofar sake farawa.

Masu cewa asara ce fa?

Hujjarsu ita ce lokaci. Awa ɗari ba wasa ba ce, kuma ba ta dawowa. Gaskiya ne, amma ba ta dawowa ko ka goge ko ba ka goge ba. Masana halayyar ɗan Adam sun daɗe da lura da wannan tarko. A wani bincike da Hal Arkes da Catherine Blumer suka wallafa a 1985, an sayar wa mutane tikitin kallon wasan kwaikwayo na shekara a Jami'ar Ohio, wasu a cikakken farashi wasu da rangwame, sai aka ga waɗanda suka biya cikakke sun fi zuwa kallo a rabin farko na kakar. Wasan iri ɗaya ne, kuɗin da ya riga ya fita ne ke jan su. Mai ci gaba da buga sebin da ya gundure shi don kawai ya daɗe a kansa, wannan tarkon ne ya kama shi.

Amma akwai inda masu wannan ra'ayi suke da gaskiya ɗari bisa ɗari, wato inda kuɗi ya shiga. A gem na intanet, rigar da ka saya wa jaruminka, da lu'ulu'un Free Fire, da kwabban eFootball, duk a jikin asusu suke. Ka bar asusun, ka bar su. Kamfani ba zai mayar maka da ko sisi ba don ka ce kana son sabon farawa, kuma abubuwan da aka bayar na wani ƙayyadadden lokaci ba lallai su sake dawowa ba. Ga wanda ke tara kuɗin data da kyar, wannan ba sabon farawa ba ne, zubar da naira ce.

A nan ma ya kamata a lura cewa wani lokacin kamfanin ne ke goge maka ba tare da ya kira shi gogewa ba. A Ultimate Team, sashen tara 'yan wasa na gem ɗin ƙwallon FIFA wanda ya koma EA Sports FC a 2023, 'yan wasan da ka tara bana ba sa bin ka zuwa fitowar baɗi, kowa daga ƙasa yake sake tashi. A ƙarshen Maris na 2024 kuma kamfanin Ubisoft ya rufe kwamfutocin gem ɗin tseren mota The Crew, wasan ya daina aiki har ga waɗanda suka saye shi da kuɗinsu. Duk abin da ke zaune a wurin kamfani, aro ne a hannunka.

Waya, inda kuka ya fi yawa

Mafi yawan masu buga gem a Zariya a waya suke bugawa, kuma mafi yawan sebin da ke salwanta a waya ba da niyya ake goge su ba.

Matsalar tana farawa tun ranar farko. Gem ya tambaye ka ko za ka shiga da Google ko Facebook ko kuwa a matsayin baƙo, kai kuma kana sauri, ka zaɓi baƙo. Asusun baƙo a jikin wannan wayar kaɗai yake ɗaure. Ranar da aka sace ta, ko ta faɗa ruwa, ko ka kai ta wurin mai gyara a PZ ya ce sai an yi mata filashin, wata takwas na wahala sun bi ruwa. Mai gyaran ba shi da laifi in ya tambaye ka ko akwai abin da za ka kwashe ka ce hotuna ne kawai.

Sai kuma maɓallai biyu da ke maƙwabtaka a saitin Android, waɗanda mutane ke rikitawa idan waya ta cika. Clear cache tarkacen wucin gadi yake sharewa, ba ya taɓa ci gabanka. Clear data kuwa yana mayar da manhajar kamar yau aka sauke ta, in sebin a cikin wayar yake ya tafi ke nan. Masu buga wasannin PSP, wato ƙaramar PlayStation ta hannu, a waya ta manhajar PPSSPP suna da sauƙi ta wani ɓangaren, domin nasu sebin a fili yake cikin jakar SAVEDATA, ana iya kwafe shi zuwa memori ko a tura wa aboki ya ajiye. Ta ɗaya ɓangaren kuma, duk mai share-sharen fayiloli don neman wuri zai iya haɗawa da shi bai sani ba.

Ko ɗaure asusu da Facebook ko Google ba ya wadatarwa in wani ne ya buɗe maka imel ɗin a shago ba ka riƙe lambar sirri ba, ko layin da aka yi rajista da shi ya ɓata. Sebin na nan lafiya a wurin kamfani, mukullin ne babu.

Akwai kuma mai gogewa don ya rabu da gem ɗin kwata-kwata, jarrabawa ta matso ko ya ga abin yana cinye masa dare. Wannan niyya ce mai kyau, kuma matsalar da yake gudu ta gaske ce, Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince a 2019 da saka kamuwa da wasan gem cikin kundin cututtukanta, ga wanda abin ya rinjayi rayuwarsa na tsawon lokaci. Sai dai cire manhaja ba ya goge asusun intanet. Mutum ya cire da dare cikin zafin zuciya, bayan kwana uku ya sake saukewa ya tarar da komai yana jiransa. Haka uban da ya ƙwace waya ya cire gem: in na intanet ne bai goge komai ba, in kuma na cikin waya ne ya goge aikin watanni, ya sayi gaba da ɗansa, matsalar barcin kuma tana nan. Ƙayyade lokaci ya fi wannan aiki.

A gidan gem, sebin na wa ne?

Nan ne rigima ta fi zafi, domin na'ura ɗaya ce, hannaye da yawa. Yaro ya biya kuɗinsa kullum bayan la'asar yana tura labarin God of War gaba, wata rana ya zo ya tarar wani ya fara sabo ya danne gurbinsa. Ya je wurin mai shago:

"Oga, don Allah wa ya hau layina? Na kusa ƙurewa fa."

"Kai ma ka san ba na tsare wa kowa sebin. Lokaci ka saya, ba na'ura ba."

Ta fuskar ciniki mai shago bai yi ƙarya ba. Amma yaron ba don zaman benci yake dawowa kullum ba, don ci gaban nan yake dawowa, kuma ranar da ya salwanta mai yiwuwa cinikinsa ma ya salwanta. A ganina mai shagon da ya san kansa zai ɗauki sebin ɗin kwastoma a matsayin amana. Abin ma ba wuya: PS3 da PS4 da PS5 duk suna ba da damar buɗe wa mutane daban-daban nasu shafin a na'ura ɗaya, kowa da nasa sebin. Wasanni da yawa kuma suna da gurabe barkatai, San Andreas na kwamfuta gurbi 8 gare shi. Takarda ɗaya a bango mai nuna gurbin wane da na wane ta isa ta kashe rabin faɗan.

A gida ma haka ne tsakanin wa da ƙani. Yawanci ƙanin bai yi da mugunta ba, New Game ya gani a sama ya danna, gem ya tambaye shi da Turanci ko a danne tsohon, ya ce eh don ya wuce wurin.

In an riga an goge, akwai dawowa?

In babu kwafi, kusan babu. Ma'ajiyar wayoyin zamani da ta sababbin na'urori ba ta cika barin a tono abin da aka share ba, kuma duk wanda ya ce ka turo masa imel da lambar sirri zai dawo maka da asusu, asusun yake so. Ga gem na intanet, hanya ɗaya ita ce sashen taimako na kamfanin, su kuma za su nemi shaida, kamar lambar ɗan wasa ko rasit ɗin abin da ka taɓa saya. Shi ya sa ɗaukar hoton shafin da lambarka take yana da amfani tun kafin a shiga uku.

In akwai kwafi a intanet, a yi hattara, domin yana yanka ta gefe biyu. Mai son farawa daga tushe a Steam, manhajar sayen gem a kwamfuta, zai iya goge fayil a kwamfutarsa, ya buɗe gem ya tarar ma'ajiyar ta dawo masa da shi. Mai son tsohon kuma, in aka fara sabo a gurbinsa na'urar ta hau intanet, sabon zai iya haurawa ya danne tsohon a can ma. Don haka da ka lura an yi ɓarna, fara katse intanet ɗin na'urar kafin komai.

Tsarin ajiyar ma ya bambanta. A Xbox kwafin intanet kyauta ne, haka a Steam ga wasannin da suka yarda da shi. A PlayStation sai mai biyan PlayStation Plus. PS4 tana barin ka kwafe sebin zuwa filas, amma sebin ɗin wasannin PS5 ba ya kwafuwa zuwa filas, ta ma'ajiyar intanet kawai ake ajiye shi. Kofunan yabo da ka ci kuwa, in sun riga sun hau asusunka, suna nan ko ka goge sebin, domin a jikin asusu suke, ba a jikin fayil ba.

Ga mai son ɗanɗana wahalar farko a gem ɗin da ba na intanet ba, sabon gurbi ko sabon shafi a na'urar zai ba shi abin da yake nema, tsohon kuma yana ajiye. A gem na intanet, asusu na biyu da wani imel ɗin daban yana yin wannan aikin, in dokar gem ɗin ta yarda. Gogewa ta gaske ba ta zama dole sai a wasan da ke da gurbi ɗaya tak a na'urar da ba ta raba shafi, ko fayil ɗin da ya riga ya lalace ya ƙi buɗewa.